Shekara Shida Ina Magana da Muryar Wata

Edita, ina yi maka sallama, kai da masu karatu. A shekarun da zan ba da labarinsu ni 'yar wasan kwaikwayo ce a Abuja, amma kada kowa ya wahalar da kansa yana laluben sunana a cikin taurari, ba zai same shi ba. Ni ce matar nan da take shigowa da tire ta ajiye wa baƙi ruwa ta fita. Ni ce maƙwabciya mai leƙowa ta katanga, ni ce nas mai cewa a bar mara lafiya ya huta, ni ce ta uku daga gefe a zaman makoki. In an zo jera sunaye a ƙarshen shiri, nawa yana can ƙasa, lokacin masu kallo sun riga sun watse. Ina da shekara ashirin da 'yan kai, ina haya a ɗaki ɗaya a Kurudu. Lokacin sojoji ba su daɗe da komawa bariki ba, kuɗi sun fara yawo a gari, duk inda ka waiwaya gini ake tayarwa, kuma kowace ma'aikata tana son a yi mata wasan faɗakarwa a talabijin, yau a kan rigakafi, gobe a kan taki, jibi a kan zaɓe. Aiki bai taɓa yanke mini ba, kuma da shi nake ci nake biyan haya.

Ni Gbagyi ce, ko Bagwariya kamar yadda kuka fi sabawa, daga wani ƙauye a bayan Bwari. In kun ga Hausata ta miƙe a nan, makaranta ce da yawan karance-karance, kuma takarda ba ta tona asirin harshen mutum. A baki kuwa, kalma biyu zan yi ka san inda aka binne cibiyata. Mahaifina ya rasu tun ina ƙarama, Mama ce ta raine ni da noman doya da sayar da itace. A kafaɗa take ɗaukar kaya, kamar yadda matanmu suke yi, har kafaɗarta ta dama ta yi kanta ta ɗan karkace. Mace ce mai barkwanci da tsokana, ba ta barin kowa ya wuce ta ƙofar gida ba ta ja shi da wasa ba. Kafin in gama sakandare yanar ido ta fara rufe mata gani, kafin in koma birni kuwa haske da duhu kawai take bambancewa. Ƙanwarta, wadda muke kira Inna, ita ta dawo gidan take kula da ita.

Shigata wasa ba wani dogon labari ba ne. Ina tsaron shagon fenti a Dei-Dei wasu masu ɗaukar shiri suka zo, matar da za ta fito a mai shago ba ta zo ba, darakta ya dube ni ya ce in tsaya yadda nake in miƙa wa wani gwangwani. Bayan an gama ya ce fuskata tana shiga kyamara, in zo ofishinsu. Na je, na kuma bar fenti daga ranar.

Yanzu sai in bayyana yadda muke aiki, domin a nan matsalar take. Kamfaninmu ƙarami ne, ba mu da na'urar ɗaukar sauti ta kirki, kuma Abuja ta wancan lokaci ba ta yin shiru. Ko janareta yana ruri, ko tifa tana juye yashi, ko injin kwaɓa siminti yana aiki a gidan da ke kusa. Saboda haka hoto kawai ake ɗauka a wurin wasa, sai daga baya kowa ya je situdiyo ya kalli bakinsa a allo ya maimaita maganarsa, a ɗora. Ranar da na fara zuwa ɗora tawa, layi biyu na karanta na ga mai na'ura ya sunkuyar da kai kafaɗunsa suna rawa. Darakta bai yi dariya ba, mutum ne mai kirki daidai gwargwado. Ya kira ni waje ya ce mini fuskata ta manyan mata ce amma harshena na ban dariya ne, don haka in zaɓa. Ko in riƙa fitowa a Bagwariya mai itace da ake yi wa dariya, da muryata, ko in fito a nas da malama da matar gida, wata ta yi magana a madadina. Na tuna kafaɗar Mama, na ce ba za a yi dariya da ita ta bakina ba. Na zaɓi na biyu, kuma har yau ban ce zaɓin ne kuskurena ba. Kuskuren yana gaba.

Ranar Lahadin da za a fara nuna ni na tafi ƙauye takanas. Talabijin ɗaya ce a unguwarmu, a gidan wani tsohon hedimasta, aka fito da ita tsakar gida aka tayar da janareta, mutane suka cika har bakin zaure. Na zauna a tabarma kusa da Mama, hannunta a kan gwiwata. Tun a mota nake shirya yadda zan gaya mata cewa muryar da za ta ji ba tawa ba ce, amma na iske gida cike da 'yan taya murna, na ce bari sai an watse. Sai ga ni a allo da farar riga, na buɗe baki, wata Hausa mai santsi ta zubo kamar ta mai karanta labarai. Wuri ya kaure da tafi. Hedimasta ya juyo ya ce lallai birni makaranta ne, ji yadda yarinya ta goge. Mama ta matsa gwiwata, ta tambaye ni da yarenmu a hankali ko ni ce wannan. Idanu sun fi hamsin a kaina. Na ce mata ni ce. Ta ce to madalla, ta ci gaba da saurare.

Na koma Kurudu ina gaya wa kaina ƙaramar ƙarya ce, zan gyara ta a zuwa na gaba. Zuwa na gaba ya zo na ga an riga an yi nisa, har daga ƙauyukan kusa ana zuwa gaishe da Mama a matsayin uwar mai Hausar talabijin. Na ce sai wani zuwan.

Matar da take yi mini murya sau ɗaya muka taɓa haɗuwa. Bakanuwa ce, ma'aikaciya a wata ma'aikatar tarayya, takan zo situdiyo ranar Asabar don sha'awa kawai, mijinta ya ajiye ta a mota ya dawo ya ɗauke ta. Da ta gan ni ta tafa hannu ta ce ashe ni ce fuskarta, ta rungume ni, ta ce kullum tana addu'a kada in yi saurin baki don tana shan wuya wajen bi na. Ba ta yi mini komai ba sai alheri, amma na dawo gida ranar ban iya cin abinci ba. A wannan makon ne mai kyamararmu, wanda yake son tsofaffin finafinan ƙasashen waje, ya nuna mana wani na ƙasar Japan marar kala, na bayan yaƙin duniya, a kwamfutarsa ta tafi-da-gidanka, muna jiran a kawo man janareta. Ya tsayar da hoton a kan wata mata da ta durƙusa ta zuba shayi ta ja ƙofa ta fita. Ya ce ya ga matar nan a finafinai da yawa, kullum tana hidima a gefe, kuma har yau bai riƙe sunanta ba, ya dube ni ya ce, "Madam, ga 'yar'uwarki can". Kowa ya yi dariya, ni ma na yi. A raina kuwa cewa na yi ita ko ba komai in ta ce a sha shayi lafiya, da bakinta ta faɗa.

Abin da ya raba ni da gida ya faru ne a shekara ta uku, lokacin sabuwar doya. Na je da niyyar kwana huɗu. Da yamma mata sun taru a tsakar gidanmu ana firar doya ana hira, sai Mama ta ɗaga murya ta ce to yau ga mai talabijin a gabansu, in yi musu irin Hausar nan ta cikin akwati su ji a kusa, ita ma kunnenta ya ƙoshi. Mata suka ajiye wuƙaƙe suka zuba mini ido. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na yi tari, na ce mura ta kama mini maƙogwaro, sai wani lokaci. Mama ta yi dariya har da buga cinya, ta ce wannan mura ta san lokacin zuwa. Na ɗauka dariyar jin daɗi ce ta uwa mai alfahari da 'yarta, kuma na tabbata gobe za ta sake tambaya. Da gari ya waye na ce an kira ni aiki, na haɗa jakata. Ta riƙe hannuna a bakin ƙofa ta ce ai kwana huɗu na ce. Na zare hannuna na ce zan dawo ba da daɗewa ba.

Shekara biyu da wata bakwai ban taka ƙauyen ba. Daga Kurudu zuwa gidanmu, ko da cunkoso, ba ya cin rabin yini. Ban yanke zumunci ba a ganina, domin duk wata ina zuwa tashar Bwari in ba wani direban garinmu shinkafa da mai da sabulu, da atamfa in salla ta matso. Da wayar hannu ta iso ƙauyen, mai shagon bakin hanya ya saya, nakan kira shi ya kira mini Inna mu gaisa. Sai Inna ta ce in riƙe, ga Mama nan an tafi kamo hannunta. Daga gidanmu zuwa shagon akwai 'yar tafiya ga mai ido ma, balle makauniya. Ni kuwa ina jin haka sai in ga kamar za ta karɓi wayar a gaban mutanen shago ta ce in yi mata Hausar akwati. Sai in kashe wayar, in bari sai bayan kwana biyu in ce sabis ne ya ɗauke. Na yi haka ya fi sau goma. Yau in na tuna ana jawo tsohuwa a rana har bakin shago a miƙa mata wayar da babu kowa a ciki, sai in rasa inda zan sa kaina. Wauta ce, na sani, domin da yarenmu za mu yi magana, kuma kalma biyar sun isa su kashe zancen. Amma ƙarya in ta kwana biyu nauyi take ƙarawa, ni kuma kullum ƙarfina raguwa yake.

A birnin ma ban tsira ba. A cikin bas mutum zai ƙura mini ido ya ce ba ni ce nas ɗin nan ba, in na amsa sai in ga fuskarsa ta canza, wani ma ya ce a'a, kama ce kawai. Sai na koyi gyaɗa kai da murmushi. Wani ma'aikaci ya neme ni da aure har ya fara zuwa zance, rannan ya ce in daina yi masa wasa in yi magana yadda nake yi a talabijin. Da na gaya masa gaskiya ya yi zuwa biyu ya ɗauke ƙafa. Abokan aiki suna tafiya situdiyo tare ranar Asabar, su ci abinci a can su yi hira, ni ba ni da abin yi a wurin, sai in zauna a ɗaki in wanke kayan da ba su yi datti ba. Akwai ranakun da in ban da mai kayan miya babu wanda ya ji bakina. Ranar Lahadi in kunna talabijin in kalli kaina ina magana da muryar matar mutane, ni kaɗai a kan katifa. Kaɗaici ya dame ni ƙwarai a shekarun nan, kuma ni na saya da kuɗina.

Wuri ɗaya nake samun sauƙi. An gano na iya kuka, don haka duk zaman makoki ko ɗakin asibiti sai a kira ni. Darakta yakan ce, "Madam, kawai ki ja mayafi ki rufe baki, ki faɗi duk abin da kika ga dama, ba mai ji, za mu sa a situdiyo." To ni kuma sai in ja mayafi in yi wa Mama magana da yarenmu. In ce mata ba ni ba ce, Mama, ƙarya na yi miki. In ce mata ina kewarta, ina son in zo in kwanta a ɗakinta, in tambaye ta ko kafaɗar tana damunta da sanyin damina. Hawaye su zubo na gaske, darakta ya ce a yanke, ya ce wallahi madam ta iya aiki. Babu wanda yake jin yarenmu a cikinsu, kyamara kuma ba ta ɗaukar sauti. Duk abin da ya kamata in faɗa a gida a can na zubar da shi, in share fuska in karɓi kuɗin mota in koma Kurudu.

Wata Litinin Inna ta sa aka kira ni, ta ce jikin Mama ya yi tsanani, ba ta cin abinci, kuma tana ta tambayata. Muna tsakiyar wani aiki a wani gida da aka ba mu aro na kwana huɗu, in na tafi sai an sake duk fitowar da na yi. Haka na gaya wa Inna, kuma gaskiya ne, amma ba shi ne dalilin ba. Da na roƙi darakta da ya sake ni. Kwana uku nake nema in tattara ƙarfin hali, don na yanke shawarar wannan karon zan faɗa mata komai. Na ce wa Inna ina nan tafe ranar Alhamis. Ranar Laraba muna ɗauka tun safe, wayoyinmu a kashe kamar yadda aka saba, sai bayan azahar na kunna tawa, kiran mai shago ya shigo nan take. Na isa ƙauye da la'asar da kwalliyar wasa a fuskata, na iske maza sun dawo daga maƙabarta suna wanke ƙafa a ƙofar gida.

Sai ranar sadakar uku Inna ta ja ni bayan ɗaki, inda Mama take tara itace, ta ce akwai saƙo. Ta ce tun ranar farko a gidan hedimasta, suna dawowa gida, Mama ta ce mata wannan ba muryar 'yarta ba ce, ita da ta san kukana tun ina cikin zani ba za a sauya mata ni da wata ba. Amma Mama ta ce tunda yarinya ta ce ita ce, akwai dalili, kada Inna ta kuskura ta gaya wa kowa. Duk da haka ba ta taɓa fashin Lahadi ba. Takan sa a kai ta ta zauna gaba, in na fito Inna ta taɓa ta, ita kuma ta riƙa tambaya wane kaya na sa, na rame ko na yi ƙiba, fuskata da walwala ko babu. Maganar ranar doya kuwa, Inna ta ce tsokana ce irin tata, so take in fashe da dariya in ce Mama kin kama ni, a yi dariya a wuce wurin, in huta da ɗaukar kayan. Da ta ga na tafi ban dawo ba, sai ta sa a ranta cewa ita ta kunyata ni a gaban mata, ita ta kore ni da bakinta. Inna ta ce tun daga lokacin ta rage wasa da mutane. Saƙon da ta bari daren Talata shi ne, in na zo ba ta nan, a ce mini ta tuba, in yafe mata wasan da ta yi mini.

Ban san tsawon lokacin da na yi a zaune a kan itacen nan ba. Na yi kuka a gaban kyamara ya fi a ƙirga, amma ranar kasa yi na yi, sai numfashi kawai nake ja.

Na koma aiki bayan arba'in, don haya ba ta san makoki ba. Na ƙara kamar shekara ɗaya, sai kamfanoni suka fara sayen na'urori masu ɗaukar sauti a wurin wasa, aka daina ɗora murya, kiran da ake yi mini ya ragu har ya tsaya. Babu wanda ya kore ni, babu kuma wanda ya yi mini sallama. Yanzu ina da ɗan shagon atamfa a nan Kurudu, ina magana da masu ciniki da harshen da Allah ya ba ni, wanda ya ga dama ya yi dariya.

Abin da na koya, Edita, shi ne kunyar da nake gudu ba ta kai ko kusa da abin da na biya don guje mata ba. Na ɗauka ina kare martabata ne a idon uwata, alhali ita ba ta taɓa neman wata martaba a wurina ba, ni take nema. Ina jan kunnen 'yan'uwana da suka baro ƙauye suka zo birni neman abinci, musamman masu sana'ar da ake gyara mutum kafin a nuna shi. In kun yi wa na gida wata ƙarya don a ga kun ci gaba, ku koma ku warware ta tun tana ƙarama, ku sha dariyar yini ɗaya. Kada ku aika buhun shinkafa a madadin ƙafarku. Kuma kada ku ɗauka in kun yi nesa ku kaɗai kuke shan wahalar, domin wanda kuka bari a gida zai zauna yana neman dalili, in bai samu ba sai ya ɗora wa kansa.

Ina roƙon wanda ya karanta wannan ya sa Mama a addu'a, Allah ya jiƙanta ya haskaka kabarinta. Ni ma ina yi mata kullum. Abin da na kasa samun inda zan kai shi ne amsar saƙonta. Ta tafi tana zaton ita ce ta yi mini laifi, kuma ban samu na gaya mata ba ta yi mini komai ba.